Ibrahim Sheme da Mujallar Fim: Tarihin Wani Mai Sharhi

A hutun da ya wuce na tarar da kawuna a Jega yana share tsohon shagonsa, inda a da yake ba da hayar kaset-kaset na finafinai. Cikin tarkacen da ya fitar har da wani kwali cike da mujallu waɗanda gara ta soma ci, ya kuwa riga ya yi wa mai ƙosai alkawarinsu. Da na duba sai na ga mujallar Fim ce, fitowa wajen talatin. Na roƙe shi ya bar mini. Ya yi dariya ya ce, "Kai yaro, abin da ake koya muku a jami'ar ke nan?" Wannan tambaya tasa ce ta sa na ga ya kamata in kawo wa 'yan'uwa ɗalibai ɗan tarihin mutumin da ya kafa mujallar, watau Malam Ibrahim Sheme, domin rayuwarsa ita ce amsar da na kasa ba kawu a ranar.

Malam Ibrahim mutumin Sheme ne, cikin ƙasar Faskari ta Jihar Katsina. Ya karanta aikin jarida a Jami'ar Bayero ta Kano, daga baya ya tafi Kadif ta ƙasar Birtaniya ya yi digiri na biyu. A Kaduna ya yi suna, inda ya yi aiki da jaridar The Reporter da 'yar'uwarta ta Hausa, Nasiha, sannan da New Nigerian. Ya yi sa'a, ko kuwa a ce ya gamu da jidali, don ya shigo aikin daidai lokacin da matasan Kano suka cika kasuwa da littattafan soyayya, irin su In da So da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino, wanda ya fito a 1991. 'Yan mata da matan aure suna saye suna karantawa, su kuwa masana suna toshe hanci.

A shafukan adabi da Sheme yake kula da su ne aka yi babbar muhawarar nan ta shekarun 1990. Ibrahim Malumfashi, wanda a lokacin yake koyarwa a jami'ar Sakkwato, shi ya laƙaba wa littattafan sunan Adabin Kasuwar Kano, yana ganin yayi ne kawai da zai wuce. Abdalla Uba Adamu na Jami'ar Bayero kuwa ya fito a 1999 ya kāre su, yana ganin duk abin da ya sa dubban mutane karatu da harshensu bai cancanci raini ba. Marubutan su ma ba su yi shiru ba. Abin lura a nan shi ne, da ba a sami edita mai buɗe ƙofa ga kowa ba, da wannan gardama ta ƙare a ofisoshin malamai, iska ta kwashe ta. Yau ba ɗalibin Hausa da zai gama digiri bai ji labarinta ba.

Ana cikin haka sai fim ya kunno kai. Tun 1990 aka yi Turmin Danya a Kano, kafin shekara goma kuwa sana'ar ta bunƙasa, marubuta da dama suka ajiye alƙalami suka koma bayan kyamara. Sunusi Shehu Daneji ya riga kowa da mujallarsa Tauraruwa, wadda a cikinta aka fara jin kalmar Kannywood. A watan Maris na 1999 Sheme ya fito da Fim daga Kaduna. Sauran mujallun wancan zamani sun yi ta fitowa suna mutuwa, ita kuwa ta daɗe, har ta koma intanet da kasuwar takarda ta faɗi.

Ba zan ɓoye ba, da na zauna ina karanta na kwalin kawu, na ga tsegumi da yawa: wa ta yi aure, wa aurenta ya mutu, wa ya yi faɗa da wa a wurin ɗaukar fim. Wani shafin sai ka ce hirar bakin rijiya. Amma kusa da tsegumin akwai doguwar hira da daraktoci da mawaƙa, akwai sharhin da yake faɗa wa furodusa cewa labarinsa kwaikwayon na Indiya ne, akwai kuma wasiƙun masu karatu daga garuruwa na nesa. Duk mai son ya san yadda 'yan fim suka ji da kafa Hukumar Tace Finafinai ta Kano a 2001, ko kuwa halin da suka shiga daga 2007 zamanin shugabancin Abubakar Rabo Abdulkarim, lokacin da aka ɗaure Adam A. Zango, aka kuma ɗaure Hamisu Lamiɗo Iyan-Tama a 2008, to da wuya ya gama bincikensa bai buɗe Fim ba. Abin da aka rubuta don nishaɗin wata ɗaya ya zama kundin tarihi, ko masu shi sun nufa ko ba su nufa ba.

A ganina dai babban aikin Sheme shi ne littafin Shata Ikon Allah, wanda ya fito a 2006, shekara bakwai bayan rasuwar Alhaji Mamman Shata. Shi ya jagoranci aikin tare da Yusuf Tijjani Albasu da Aliyu Ibrahim Ƙanƙara da Ali Malami. Sun bi mawaƙin da makaɗansa da waɗanda ya yi wa waƙa, suka tara abin da ba don su ba da ya bi tsofaffi kabari. Ya kuma rubuta ƙagaggun labarai, cikinsu har da 'Yartsana, wanda ya ci gasar Karaye a 2007. Sauran aikinsa na edita a Leadership da Blueprint, da riƙon sashen watsa labarai na Jami'ar Karatu Daga Gida da aka ba shi zamanin da Abdalla Uba Adamu yake shugabancinta, waɗannan na bar wa ɗaliban jarida.

Yanzu sharhi ya bar takarda ya koma waya. Kafin wannan, tashar Arewa24 da aka buɗe a 2014 ta kawo Kundin Kannywood, sashen Hausa na BBC ya kawo Daga Bakin Mai Ita, Hadiza Gabon kuma ta buɗe zauren hirarta a YouTube, ga kuma shirye-shiryen murya da ake kira fodkas. Wani abokina mai karatun kimiyya a Aliero, wanda ko jarida ba ya saye, yakan kwana yana sauraron irinsu. Ban raina su ba, sun kai inda mujalla ba ta taɓa kaiwa ba. Sai dai yawancinsu hira ce, kuma idan ɗan wasa ya zaunar da ɗan'uwansa ɗan wasa, akwai tambayar da kunya ba za ta bari a yi ba. Daɗin daɗawa, gara takan ɗauki shekaru kafin ta cinye kwali, amma shiri a intanet mai shi na iya goge shi cikin dare ɗaya.

Wannan ya kawo ni gida. Mu ma a ƙasarmu mun yi mawaƙin da ya girgiza ƙasar Hausa, Muhammadu Gambo na Fagada cikin ƙasar Maiyama, mai waƙar ɓarayi, wanda ya rasu a 2016. Mutane sun saurare shi a tasha da kasuwa, wasu suna dariya, wasu suna tsine masa, kamar dai yadda aka yi wa littattafan Kano. Har yanzu akwai dattawan da suka ga wasansa da idonsu a Jega da ƙauyukan Maiyama, kuma kullum raguwa suke yi. Na yi niyyar in Allah ya kai mu hutu mai zuwa in shiga Fagada da wayata in ɗauki muryoyinsu. Duk ɗan ƙungiyar nan da ya fito daga wannan yanki, ya kuma san hanya, ina neman abokin tafiya. Mujallun kawu kuwa na kaɗe su na jera, guda bakwai ba su da bango, suna nan a ɗakina ga mai son dubawa.