Zabira: Asalinta da Matsayinta a Karkarar Arewacin Kano

A ƙauyukan da ke tsakanin Kano da Ɗambatta, inda gona ke manne da gona, kowace jakar fata da ma'abucinta. Gafaka ta malami ce, taiki na fatake, zabira kuwa ta wanzami. Mutane da yawa sun ɗauka zabira tun fil azal kayan Hausawa ce, amma harshe da tarihi ba su goyi bayan wannan zato ba.

Kalmar kanta aro ce daga Larabcin Magariba, watau jabira, sai harafin farko ya sauya a bakin Hausawa. Heinrich Barth, wanda ya sauka Kano cikin 1851, zamanin Sarki Usman, ya ambaci wannan jaka cikin kayan fatar birnin, ya ce Larabawa ke ɗinka masu adon. Ashe da fari kayan ƙawa ce ta birni, kafin ta zama kayan aiki a ƙauye.

Abin da ya sauƙaƙa bazuwarta shi ne kayan haɗinta duk na gida ne. Majema su jeme fatar akuya da bagaruwa, a rina ta ja da karan dafi, sa'an nan baduku ya ɗinka ta aljihu bisa aljihu, ya sa mata maratayi. Wannan tsari ya dace da wanzami ƙwarai, gama aska da ƙaho da magunguna kowanne na bukatar wurinsa dabam, shi kuma tafe yake a ƙasa daga gida zuwa gida.

Da haka zabira ta zama shaidar sana'a. Ranar suna da ita ake zuwa a yi wa jariri aski da tsagar gado, da hunturu kuma a yi wa yara kaciya. Gidajen da wanzami ke yi wa aiki, da kaka su sallame shi da damin hatsi. In ya rasu, ɗan da ya ɗauki zabirar shi ya gaji gidajen.

Yau asibiti da shagon aski sun karɓe yawancin aikin. Ya kamata malamai su sa ɗalibansu su rubuta sunayen abin da ke cikin kowane aljihu daga bakin tsofaffin wanzamai, domin kalmomin nan tare da jakar za su tafi.