Beli a Shari'ar Asali: Daga Indiya Zuwa Birnin Ƙonni

A Giade ko Azare, idan aka zo neman aure, kafin a yi maganar sadaki sai an binciki asali. A ɓoye ake tambaya: ɗan gidan waye, kakansa ɗa ne ko bawa, ba mahauta ba ne? Sashe na 42 na kundin tsarin mulkin 1999 ya hana a tauye wa ɗan Najeriya haƙƙi saboda yanayin haihuwarsa, amma mu a nan, irin wannan magana a zaure take ƙarewa. A ƙasashen da ta kai gaban alƙali kuwa, an gano cewa tun kafin a yanke hukunci, abin da ke karya mai ƙara ko ya ƙarfafa shi shi ne wa zai kwana a gida, wa zai kwana a kurkuku.

Indiya ce ta fi daɗewa tana wannan gardama. Tsarin mulkinta na 1950, wanda Dakta Ambedkar ya jagoranci rubuta shi, ya haramta ƙyamar 'yan Dalit, mutanen da al'ada ta ɗauka ko taɓa su ƙazanta ne. A 1973 dokar shari'ar laifuka ta zo da belin kafin kamu: wanda ke tsoron za a kama shi sai ya riga 'yan sanda zuwa kotu, ya samo umarnin a sake shi da zarar an kama shi. Manufar ita ce kare mutane daga ƙazafi. To amma a ƙauye, wanda ake ƙara shi ne mai gona, mai ƙarar kuma ɗan ƙodagonsa. Idan mai gona ya dawo gida da takardar beli, wane mai shaida ne zai buɗe baki? Saboda haka dokar 1989 ta hukunta masu cin zarafin 'yan Dalit da ƙananan ƙabilu ta rufe wannan ƙofa a sashenta na 18, kuma Kotun Ƙoli ta amince da hakan a 1995.

A watan Maris na 2018 kotun ta sassauta, tana cewa wasu na fakewa da dokar suna cin mutuncin bayin Allah. Ranar 2 ga Afrilu 'yan Dalit suka fito zanga-zanga a faɗin ƙasar, aka rasa rayuka. Cikin watanni majalisa ta mayar da hanin, a 2020 kotun ta tabbatar da shi, da sharaɗin cewa idan ƙarar ba ta nuna alamar laifi ko kaɗan ba, alƙali na iya ba da belin.

Maƙwabciyarmu Nijar ta bi wata hanya, kuma tata ta fi ba ni takaici. A 2003, bayan fafutukar ƙungiyar yaƙi da bauta ta Timidria, ta mayar da bautar da mutum laifi mai ɗaurin shekara 10 zuwa 30. Hadijatu Mani, wadda aka sayar a 1996 tana 'yar shekara 12 a kan sefa 240,000 a matsayin wahaya, wato ƙwarƙwara, ta sami takardar 'yanci a 2005. Tsohon ubangijinta ya ce ai matarsa ce. Da ta auri wanda take so, sai ya kai ta ƙara cewa ta yi aure kan aure, kotun Ƙonni ta yanke mata wata shida a 2007. A duba wannan al'amari: doka na nan a rubuce, mai sayen mutum yana gidansa, wadda aka saya ce ke neman a sake ta. Sai da ta yi kusan wata biyu a tsare kafin kotun ɗaukaka ƙara ta Yamai ta ba ta sakin wucin gadi.

Ranar 27 ga Oktoban 2008 kotun ECOWAS ta kama gwamnatin Nijar da laifin kasa kare ta, ta umarci a biya ta diyyar sefa miliyan 10. Sai a 2014, shekara 11 bayan kafa dokar, aka fara ɗaure wani mutum a kan laifin wahaya, a can Birnin Ƙonnin, ɗaurin shekara huɗu.