Asalin Shanu Masu Tozo

A gefen garin Birnin Kudu, kan hanyar Kano zuwa Maiduguri, akwai manyan duwatsu da suka jingina da juna suka yi koguna. A jikin Dutsen Habude da Dutsen Mesa mutanen dā sun bar zanen shanu, wanda Bernard Fagg, Baturen Ingila mai binciken kayan tarihi, ya yi nazarinsa a shekarun 1950. Baƙo zai kalli zanen ya ce shanu ne ya wuce. Makiyayi kuwa zai tsaya, domin zai ga abin da ya ɓace: ga dogon jiki, ga dogayen ƙahoni, amma galibinsu gadon bayansu a shafe yake, ba tozo. Alhali yau in mutum ya shiga kara a kasuwar Sara ta ƙasar Gwaram, ko ta Wudil, ko ta Maigatari, da wuya ya ga sa guda marar tozo.

To, daga ina tozo ya zo mana?

Amsar tana can nahiyar Asiya, a kwarin wani kogi mai suna Indus. Kogin yana tasowa daga tsaunukan Tibet, ya ratsa Ladakh, ya keta ƙasar Pakistan daga arewa har kudu, ya faɗa Tekun Larabawa kusa da Karachi bayan tafiyar fiye da kilomita 3,000. Yamma da shi, a lardin Balochistan, kusa da mashigar duwatsu ta Bolan, akwai kufan wani ƙauye da ake kira Mehrgarh, wanda masu bincike Faransawa ƙarƙashin Jean-François Jarrige suka fara tonawa a 1974. Sun tarar da rumbunan laka, da burbushin sha'ir da alkama, da tarin ƙasusuwan dabbobi. Ƙasusuwan da ke can ƙasa galibi na namun daji ne, na mutanen da ke farauta. Da aka hauro sama sai na shanun gida suka rinjaya. A wannan yanki ne, kimanin shekaru 8,000 da suka wuce, ɗan Adam ya horar da wani irin san daji, kuma daga tsatsonsa duk wata saniya mai tozo ta fito.

Jikokin waɗannan manoma su suka gina biranen Harappa da Mohenjo-daro, waɗanda suka yi tashe tsakanin shekara ta 2600 da ta 1900 kafin haihuwar Annabi Isa, da titunansu miƙaƙƙu da magudanan ruwa na jan bulo. A kan ƙananan hatiman dutse da 'yan kasuwarsu ke buga wa kaya, an sassaƙa bajimi da ƙaton tozo da fata mai reto a ƙarƙashin wuya. Duk Bafulatanin da aka nuna wa hoton hatimin nan zai gane dabbar nan take.

Shanu marasa tozo kuwa asalinsu daban. An horar da su tun da farko, wajen shekaru 10,000 da suka wuce, a saman Kogin Furatu, inda Turkiyya da Siriya suka yi iyaka a yau. Su suka riga shigowa Afirka, a zamanin da Sahara ke da tafkuna da ciyawa, kuma zanensu ya cika duwatsun Tassili a Aljeriya. Da hamada ta bushe, makiyaya suka gangaro kudu da garkunansu. Irin waɗannan shanu ne a jikin duwatsun Birnin Kudu.

Masu tozo ta ruwa suka biyo. Iskar Tekun Indiya tana kaɗawa gefe guda wata shida, ta juya wata shida, kuma da ita jiragen filafilai ke zirga-zirga tsakanin Indiya da ƙasar Larabawa da gaɓar Afirka ta gabas. Shigowarsu da yawa ta kankama ne daga wajen ƙarni na 7 zuwa na 8 na Miladiyya, lokacin da cinikin Larabawa ya bunƙasa. Daga Habasha da Somaliya suka yi ta matsowa yamma, garke bayan garke, ta Sudan da Tafkin Chadi.

Abu mafi ban sha'awa a labarin shi ne wanda binciken ƙwayoyin gado ya gano. Masana, ciki har da Olivier Hanotte da abokan aikinsa, sun nuna cewa gadon da shanun Afirka ke ɗauka ta wajen uwa na marasa tozo ne, na masu tozo kuwa ta wajen uba ya shigo. Wato bajimai aka riƙa ɗaukowa a jirgi, aka sake su cikin shanun gida. Makiyayi ya ga 'ya'yan baƙon sa sun fi jure rana da ƙishi da doguwar tafiya, kaska ma ba ta cika kayar da su ba, sai ya ci gaba da zaɓensa. Ashe Bunaji fari tas, da Rahaji ja mai ƙahoni kamar an ɗaga hannu sama, da Bokoloji na Sakkwato, duk ubanninsu 'yan Asiya ne, uwayensu 'yan Afirka. Wannan zaɓe aikin ilimi ne na ƙarnoni, kuma bai kamata a riƙa faɗin tarihin ƙasar nan ana tsallake masu shi ba.

Masifa ma ta wannan hanya ta biyo. A 1887 sojojin Italiya suka sauke shanu masu ɗauke da cutar bushiya a tashar Massawa ta Eritiriya. Kafin shekara huɗu cutar ta iso ƙasar Hausa, ta share garkuna, a wurare da dama ba ta bar ko ɗaya cikin goma ba. Sai a 2011 aka ba da sanarwar kawar da ita daga duniya baki ɗaya.

Da aka kawo garmar shanu Arewa a ƙarshen shekarun 1920, tozo ya sake yin rana: a gabansa karkiya ke zama, shi ke tokare ta idan sa ya ja. Manomin Gwaram da ke huɗar gyaɗa ko riɗi da bajimai biyu, ya ɗaura musu amalanke da kaka, yana aiki ne yadda manomin Punjab, can a kwarin Indus, ke yi.

Tsofaffin shanun ba su ƙare ba, sun dai ja gefe. Muturu gajere yana nan a dazuzzukan kudancin Najeriya, Ndama kuma a Futa Jallon ta Gini, domin suna jure sammore da ƙudan tsando ke yaɗawa, cutar da ke kayar da masu tozo. A tsibiran Tafkin Chadi akwai Kuri, farare masu kumburarrun ƙahoni, da ke iyo daga tsibiri zuwa tsibiri neman ciyawa. Su ne abin damuwa yanzu, domin tafkin ya janye ƙwarai tun farin shekarun 1970, kuma barbara da bajimai masu tozo tana rage tsantsar irinsu.