Ɗaukaka Ƙara Bayan Wanke Wanda Ake Tuhuma: Shari'ar Kayan Reluwe a Ƙasar Indiya

Abin da wannan takarda ke son dubawa shi ne yadda hukuma a ƙasar Indiya ta sami damar ɗaukaka ƙara bayan kotu ta wanke mutumin da aka kama da kayan reluwe. A tsohuwar al'adar shari'ar Ingila, wanda aka wanke daga babban laifi ya tsira ke nan. To amma Turawan mulkin mallaka ba su yi wa mutanen Indiya wannan rangwame ba, domin tun a dokar tsarin shari'ar laifuffuka ta 1872 gwamnati ta ba kanta ikon kai ƙara gaba. Ikon nan ya zarce cikin dokar 1898 da ta 1973, har zuwa wadda ta maye gurbinta a 2024.

Ita kuwa dokar kayan reluwe, an fara kafa ta a 1955, sa'an nan aka sake ta a 1966 da tsanani. Sashe na 3 ya juya nauyin hujja: duk wanda aka samu da kayan reluwe da ake kyautata zaton na sata ne, shi zai tabbatar da cewa ta hanyar halal suka zo hannunsa, in ba haka ba ɗauri na iya kai shekara 5. Har ila yau, a 1980, cikin shari'ar Balkishan, Kotun Ƙoli ta ce jami'in rundunar tsaron reluwe ba ɗan sanda ba ne a idon dokar shaida, watau ikirarin da aka yi a gabansa yana iya shiga kotu. Masu sauraro za su ga cewa an ɗaure talaka ta ko'ina.

Duk da haka ana wanke mutane, kuma dalilin ba ɓoyayye ba ne. Nauyin hujja ba ya komawa kan wanda ake tuhuma sai mai ƙara ya fara nuna cewa kayan na reluwe ne. Alal misali, guntun ƙarfe ko wayar tagulla ko kwal, in babu tambari, da me za a bambanta su da na kasuwa?

A nan ne ɗaukaka ƙara ke shigowa, sai dai ƙofar ƙunci gare ta. Da yake jami'in reluwe ne mai ƙara, dole ya nemi izini na musamman daga Babbar Kotu cikin wata 6. Tun 1934, a shari'ar Sheo Swarup, majalisar shari'a ta Sarkin Ingila ta ce kotun sama tana da ikon sake auna shaida duka, amma ta girmama ra'ayin alƙalin da ya ga shaidu ido da ido. A 2007, cikin shari'ar Chandrappa, Kotun Ƙoli ta ƙara da cewa idan shaida za ta ɗauki fassara biyu masu ma'ana, ba a taɓa hukuncin wankewa.