Faɗuwar ɗalibai mata a makarantun kwana

Faɗuwar ɗalibai mata larura ce da ke afka wa 'yan makaranta da yawa lokaci guda: ɗaya ta yanke jiki ta faɗi tana ihu da makyarkyata, kafin a ankara na kusa da ita sun bi sahu. A tsakiyar shekarun 1990 abin ya auku a makarantun sakandaren 'yan mata na Kano, aka jingina shi ga wata aljana mai suna Sumbuka, ruƙiyya kuwa ta samu karɓuwa sosai daga nan.

Likitocin ƙwaƙwalwa suna ganin damuwa ce ke bayyana a jiki. Tsoron jarrabawa, cunkoson ɗakin kwana da kewar gida sukan taru, sannan alamun su yaɗu ta gani da ji, ba tare da ƙwayar cuta ba. Ba ƙarya yaran suke yi ba, da gaske suke shan wuya. An ga irin haka a Kashasha ta Tanganyika a 1962, inda dariya ta kama ɗalibai har aka rufe makaranta.

Wajibi ne a fara da gwajin asibiti, domin sanƙarau da gubar dalma, wadda ta kashe ɗaruruwan yara a Anka da Bukkuyum a 2010, su ma suna kawo jijjiga.