Malamin Katsina da Ya Kai Hisabi Misira

Idan ruwan farko ya sauka a ƙauyukan Ɗambatta, Makoɗa ko Bichi, ba kowa ke rugawa gona da iri ba. Akwai dattawan da sai sun leƙa zauren malam sun tambaya wane tauraro ake ciki. Dalilinsu a fili yake. Gonaki a nan ƙanana ne, sun haɗa kafaɗa da juna, irin da aka ɓoye tun kaka kuma ba shi da yawa. Wanda ya shuka a ruwan yaudara, rana ta buɗe ta ƙone tsiron, sai ya nemo wani irin, wataƙila da bashi.

Lissafin da malam ke dubawa tsoho ne, daga Larabawa ya zo mana. Taurari 28 ne, kowanne yana da kwana 13, in ban da Jabha mai kwana 14. Haɗa su duka, za ka sami 365. Watan Musulunci yana zagaya shekara, azumi ya faɗo a bazara ya kuma faɗo a hunturu, amma Zira'a da Nasara da Ɗarfa ba sa barin damina. Shi ya sa manomi ya riƙe su.

Wannan ilmi, da 'yan'uwansa masu zurfi, ƙasar Hausa ta taɓa fitar da gwaninsu wanda sunansa ya kai Misira: Muhammadu ɗan Muhammadu al-Fulani al-Kashinawi, wato Bafillacen Katsina. Cikin malamansa akwai Muhammad al-Wali na ƙasar Bagarmi. Ya tafi aikin Hajji, daga nan ya zarce Alƙahira, bai sake dawowa gida ba.

A 1732 ya rubuta Bahjat al-Afaƙ, littafi a kan haruffa da hatimai. Duk wanda ya taɓa kwance tsohuwar laya ya san hatimi mai gida tara: 4, 9, 2 a sama, 3, 5, 7 a tsakiya, 8, 1, 6 a ƙasa. Ta ko'ina ka haɗa, a tsaye ko a kwance ko a karkace, 15 za ka samu. Al-Kashinawi ya bayyana hanyoyin gina irin wannan hatimi mai gida uku-uku, biyar-biyar, bakwai-bakwai, har sama. Yau masana tarihin lissafi a Turai da Amurka saboda wannan suke ambatonsa, suna kiransa masanin lissafi, su yi shiru da sauran.

Sauran kuwa shi ne ya fi damunsa. Babban littafinsa, al-Durr al-Manzum, a kan ɗalasimai da taurari yake. A wannan fanni ba a zana hatimi lokacin da aka ga dama. An raba yini sa'a 12, dare sa'a 12, kowace sa'a an jingina ta ga ɗaya daga taurari bakwai masu tafiya. Sa'ar farko ta Asabar ta Zuhal ce, ta Lahadi ta rana, ta Litinin ta wata. Mai aiki yakan jira sa'ar da ake ganin ta dace da buƙatarsa kafin ya tsoma alƙalami a tawada. A wurin mutanen wannan fanni, lokaci yana da ƙofofi, wasu a buɗe, wasu a rufe.

A nan ne malamai suka ja daga. Hadisin Zaidu ɗan Khalid, wanda ke cikin Muwaɗɗa, ya yi kashedi mai tsanani ga wanda ya ce tauraro kaza ne ya ba shi ruwa. Don haka aka raba abin gida biyu: sanin tafiyar taurari don gane lokaci da alƙibla, wannan babu laifi, cewa tauraro na da ikon amfani ko cutarwa, wannan an hana. A ganina, dattijon Makoɗa da ke tambayar tauraro yana ɓangaren farko, domin ka tsaya ka ji shi, da "in Allah ya yarda" yake rufe maganarsa. Al-Kashinawi kuwa ya taka ɓangarorin biyu, kuma ba adalci ba ne a yanke masa rabi don ya yi kyau a littafin makaranta.

Ya rasu a Alƙahira a 1741, a gidan Shaihi Hasan al-Jabarti, wanda ya yi karatu a wurinsa, wanda kuma ya bar wa wasiyyar littattafansa. Ɗan wannan shaihi, Abdurrahman, wanda ba a ma haife shi ba sai bayan rasuwar baƙon gidansu, shi ne ya zama babban marubucin tarihin Misira, wanda ya ba da labarin shigowar Faransawa a 1798. A cikin wannan tarihi nasa ya rubuta rayuwar malamin Katsina. A 1961 aka buga al-Durr al-Manzum a Alƙahira, shekara 220 bayan an binne mai shi.