Bishop Aglionby da Asalin Ɗakin Karatun Jama'a a Birnin Ankara

1.0 Gabatarwa

Birnin Accra, wanda Hausawan zango ke kira Ankara, ya daɗe da sanin ilimin allo da na ajami. Wannan takarda ta dubi rayuwar wani limamin Kirista, ɗan babban gida daga Ingila, wanda littattafansa suka zama tushen ɗakunan karatu na gwamnati a ƙasar Gwalkwas, wato Gana ta yau.

2.0 Asalinsa da Danginsa

An haifi John Orfeur Aglionby a shekarar 1884. Zuriyarsu tsofaffin masu ƙasa ne a lardin Cumberland da ke arewacin Ingila, har akwai ƙauye mai sunansu kusa da birnin Carlisle, kuma wasu daga cikinsu sun wakilci birnin a majalisar dokoki. Gida ne kuma na malanta. Wani ɗan zuriyarsu na dā, shi ma John Aglionby, yana cikin malaman da aka ɗora wa aikin fassara Baibul zuwa Turanci, fassarar da ta fito a 1611. Mahaifinsa, Francis Keyes Aglionby, limamin coci ne a Landan.

John ya yi karatu a Jami'ar Oxford. A Yaƙin Duniya na Ɗaya ya yi limancin soja, ya sami lambar jarumta. A wannan yaƙi ne ɗan'uwansa Arthur ya rasu a Nuwamba 1918, ana gab da tsagaita wuta.

3.0 Zamansa a Ankara

An naɗa shi Bishop na ɗarikar Angilikan a Ankara a 1924, ya riƙe muƙamin har 1951. A tsakanin waɗannan shekaru ne zangon Nima ya kafu, bayan da Malam Amadu Futa ya sami filin a farkon shekarun 1930. Mutanen zango suna da malamansu da littattafansu. Misali, waƙoƙin Alhaji Umaru na Karaki, haifaffen Kano wanda ya rasu a 1934, suna yawo hannu zuwa hannu. Makarantun boko kuwa galibi na mishan ne, shi ya sa iyaye Musulmi da dama suka ƙi kai 'ya'yansu, don gudun kada su bar addini.

A 1928 Aglionby ya buɗe wa jama'a littattafansa, kimanin 6,000, domin aro. Daga baya ya ba da fam 1,000 don a gina ɗakin karatu. Aka sa wa ɗakin sunansa, kuma a kansa aka gina hukumar ɗakunan karatu ta ƙasa, wadda ta fara aiki a 1950 ƙarƙashin Evelyn Evans.

4.0 Kammalawa

Muhimmancin wannan kyauta shi ne littattafan sun fita daga gidan Bishop sun koma hannun hukuma. Da zarar ɗan zango ya iya karatun boko, yana iya aron littafi ba tare da ya bi ta ƙofar coci ba. Sai dai littattafan na Turanci ne, don haka ilimin ajami ya ci gaba da zama a zaurukan malamai. Aglionby ya rasu a 1963, shekara shida bayan Gana ta sami 'yancin kai.